Yadda Na Ceto Dakwarar Baba

Daura

Ana idar da sallar asuba na yafa mayafi na nufi tasha, raina a ɓace. Jiya da yamma aka aiko mini cewa yayana Sale ya yi ciniki da masu gawayi, yau za su sare itatuwan dakwarar da marigayi Baba ya kewaye gonarmu da su. Gwamnati ce ta raba dashen kyauta don tare hamada, Baba kuwa da tulu ya shayar da shi har ya kama.

Malam Ɗahiru, maƙwabcinmu mai sayen ƙaro, yana jirana. Da ƙyar na lallaɓo shi ya raka ni ya duba itatuwan. Lokacin an fara shari'ar Musulunci, a mota aka sa mu mata a baya, maza a gaba.

Zango

Kafin mu shiga gari muka tarar ma'aikatan gandun daji sun tsare wata motar itace.

"Kin gani, Hajiya, hukuma ba ta barci," in ji direba.

"Wannan ta kama. Wanda ake sarewa a gonar gado fa, wa zai tsare?" in ji ni.

Muka karya da koko da ƙosai a tsaye, muka ɗauki babura biyu. Yashi kuwa, wayyo ƙuguna!

Gona

Da hantsi muka iso. Mutum uku na wasa gatari, Yaya Sale na tsaye da hula a ƙeya.

"Binta, wa ya rasu?"

"Ba kowa, Yaya. Na zo ne kada Baba ya sake rasuwa."

"Kayya! Ƙayar gwamnati ce fa. Ba 'ya'ya, ba inuwar kirki."

Malam Ɗahiru ya bi shingen yana dubawa. A inda raƙuma suka ɓare ɓawo ya ɓamɓaro dunƙulen ƙaro kamar ƙwan zabuwa. Ashe duk shekarun nan yara ke tsotsewa! Tunda kyauta aka ba mu, ba wanda ya taɓa tambayar amfaninsa.

"Malam Sale, in ganye ya fara zuba ka tsaga ɓawon kaɗan, ka jira. Duk abin da ya fito ni zan saya, bana da baɗi. Gawayi sau ɗaya za ka ci."

Ya faɗi farashi. Yaya ya gyara hula, ya sa aka maimaita masa. Sai ya juya ga masu gatari.

"Ku yi haƙuri, bayin Allah. Itatuwan Baba ne, ba na sayarwa ba."

Itatuwan Baba! Na rangaɗa guɗa a tsakiyar gona, ban ji kunyar kowa ba.

Gida

Matar Yaya ta dama mana fura, muka kamo hanya, magariba ta yi mana a Daura. Na gode wa Allah, na gode wa Malam Ɗahiru da ya bar rumfarsa ranar kasuwa. Dunƙulen nan na farko yana cikin kwallata har yau, na hana kowa tsotsa.