Hancin Rana da Hancin Wata

Duk sa'ad da na ji ƙamshin turaren sandal, sai in tuna da tsohon Ba'indiyen da ɗakinsa ke manne da namu a unguwar Sulay, can ƙasar Larabawa, bayan rumbunan kaya. Tela ne, mabiyin addinin Hindu. Inna ba ta son in shiga wurinsa, ni kuwa kunnen ƙashi gare ni.

Shi ya gaya mini wai a cikin jikin nan akwai wani jikin da wuƙar likita ba ta iske shi. Ya bi gadon bayana da yatsa, daga ƙugu har tsakar ka, yana tsayawa wuri-wuri. A kowane wuri, in ji shi, akwai abin da ke juyawa kamar ƙafar kekensa na ɗinki, sunansa cakra. Hanyoyin iska biyu suna nannaɗe da su, ta hancin hagu ta wata ce, ta dama ta rana. Numfashi yakan riƙa sauya hanci. In ya lafe a na rana kwana da kwanaki, mai shi ya fara haɗa kayan tafiya.

Maganar nan ta tsaya mini a rai. Baba direba ne, da azahar yakan dawo ya yi ƙailula. Sai in lallaɓa in kara yatsa ƙarƙashin hancinsa. Dama. Washegari ma dama. Abinci ya daina shiga cikina. Da na kasa daurewa, na ruga wurin tsohon ina kuka.

Ya tsayar da keken. "A wane gefe yake kwanciya?"

Na ce hagu, don ya fuskanci fanka.

"Shi ya sa, ya walad, yarona. Ya juya dama, ka sake dubawa."

Sannan ya kamo yatsana ya kai ƙarƙashin nasa hancin. Hagu shiru. Dama kuwa zafi, kamar iskar bayan na'urar sanyaya ɗaki.

"Ni na gwada kowane gefe," ya ce.

Numfashin Baba ya sauya hanci a ranar. Kafin zafin shekarar ya wuce, aka mayar da gawar telan ƙasarsu.

Na san ajali na Allah ne. Layinmu na Sulay ma an rushe shi tuni. Baba ya tsufa, yana wurina a unguwar Shifa. Amma in na tarar da shi yana ƙailula, tsoro nake ji. Nakan tsaya daga bakin ƙofa, hannuwana biyu a aljihu.