Ɗangoggo, Ba Kai Ka Ƙona Motar Alhaji Ba

Ranar Talata, 8 ga watan Yuli, 2025, da hantsi, Allah ya karɓi ran Malam Nasrullahi mai gyaran wayar mota, wanda duk garejin Durumi suka sani da Ɗangoggo. Ya rasu a gidansa da ke Paikon Kore bayan jinyar kwana tara. Ina zaune cikin mota a ƙofar wani ofis, ina jiran maigidana ya fito daga taro, sai Leonard, bakaniken da suka yi shekaru suna aiki a rumfa ɗaya, ya kira ni ya ce, "Hafizu, oga Ɗangoggo ya tafi fa." Daga Allah muke, gare shi za mu koma. Haka bakina ya faɗa. Amma abin da ya fara faɗo mini a rai shi ne, shi ke nan, na makara.

Ni direba ne, ban saba da biro ba. Shekara takwas ina tuƙa Alhaji Abdulhakim, ɗan kwangila a Gwarinpa, kuma a boskwata, ɗakin masu aiki da ke bayan gidansa, nake zaune da iyalina. Abin da ya sa na zauna rubutun nan, Malam Ɗangoggo, shi ne shekara uku da suka wuce an shafa maka kashin kaji, an ce aikinka ne ya ƙona motar Alhaji, har ka koma ga Allah ba a wanke ka ba. Na san ba kai ba ne, domin ni ne.

Kafin in kai can, bari in faɗi wanda na sani.

Kai Bazazzagi, ni Bakano, saboda haka tun ranar da na fara shiga garejinku ban huta ba. Da ka hango ni sai ka ce, "Ga bawana nan ya zo gaishe da ubangidansa." In ce, "Yaushe Bazazzagi ya yi arzikin bawa?" Ka ce in fara wanke maka buta tukuna. Ba a zama rumfarka a tashi da baƙin ciki. Kuma abin da yawancin masu sana'a ke ɓoyewa, kai koyar da shi kake yi. 'Yan tasi nawa ka tsugunar a gaban motarsu ka nuna musu abin da za su duba da kansu idan ta mutu musu a hanya? Leonard kan yi maka faɗa, wai kana kashe kasuwa. Kai kuma ka ce mutumin da mota ta mace masa a dajin Abaji ba kasuwa ba ne, ɗan'uwa ne a cikin wahala.

Ranar da abin ya faro, motar Alhaji ta mutu mini a kusa da Eriya Wan, aka taya ni turo ta garejinku. In na murɗa makulli inji yana juyawa garau, amma ya ƙi kamawa. Leonard ya leƙa ya ce, "Wannan famfon mai ne ya mutu, a cire tanki a sa sabo." Na san yadda Alhaji zai kalle ni. Sai ka taso kana goge hannu, ka ce a dakata. Ka sa aka kashe rediyo, ka daka wa mai buga ƙarfe tsawa ya saurara, ka buɗe ƙofar baya ka kwantar da kunnenka a kan kujera, daidai inda tanki yake a ƙasa. Ka ce in murɗa makulli fitilu su kawo, amma kada in tayar. Lafiyayyen famfo, in ji ka, yakan yi 'yar guɗa na daƙiƙa biyu kafin ya yi shiru. Na murɗa. Ba mu ji komai ba. Leonard ya ce, "Ka gani?" Ka ce, "Na ji bai yi magana ba. Ban ji ya mutu ba. A fara tambaya ko abinci na isa gare shi."

Ka ɗaga murfin inji, ka buɗe baƙin akwatin fiyus, ka juya marfinsa ka nuna mini zanen da ke ciki, ka sa na nemo gurbin famfon mai da kaina. Ka taɓa fitilar gwaji a kan fiyus ɗin: ɓangare ɗaya ta kawo, ɗayan ta ƙi. Ka zaro shi da ƙaramar filaya, shuɗi mai lamba goma sha biyar, ka ɗaga shi sama wajen rana. Siririn ƙarfen da ke cikinsa ya tsinke, wurin ya yi baƙi. Ka ɗauko irinsa daga gwangwanin madarar da kake tara su, ka danna, ka koma ka kwantar da kunne. Wannan karon har ni na ji guɗar daga gaba. Bugu ɗaya motar ta tashi. Ka kalli Leonard ka ce, "Da yanzu an yi wa mai ciwon haƙori tiyatar ciki."

Ina ta murna, kai kuwa ba ka saki fuska ba. Na riƙe maganarka har yau. Ka ce, "Bakano, fiyus ba ya ƙonewa a banza. Wuta ce ta yi yawa ya tare ta. Ko dai wata waya ta goge tana taɓa ƙarfe, ko famfon ya fara jan wuta fiye da ƙima. Bar mini motar kwana ɗaya in bi wayar." A lokacin Alhaji yana ta kira, na ce gobe. Ka damƙa mini guda biyu a tafin hannu, ka ce, "In ya sake, sa irinsa ka taho nan kai tsaye. Kada ka sa mai babbar lamba, kada kuma ka kuskura ka ɗaure shi da waya. Ka ji ko?" Na ce na ji. Goben nan ba ta zo ba.

Kwana goma sha ɗaya bayan haka, zan kai Alhaji filin jirgi, muka faɗa cunkoso a wajen Lugbe, motar ta mutu a tsakiyar titi. Na sa fiyus ɗaya, muka yi ɗan nisa, ya ƙone. Na sa na biyu, ko motsawa ba mu yi ba ya bi ɗan'uwansa. Baya ana danna mini hon ana zagi, gefe babu wurin da zan tura ta, rana ta take. Alhaji ya sauke gilashi ya ce, "Hafizu, in jirgin nan ya tashi babu ni, kada ka koma mini gida." Gidan da yake faɗa, nan ne ɗakina, nan matata Zahra take da cikin wata tara. Gaba kura baya siyaki. Na ɗauko tsohuwar wayar cajin waya, na fere ta da haƙori, na zaro jan ƙarfen na naɗe ƙafafun ƙonannen fiyus, na danna. Murfin inji ya kare ni, Alhaji bai ga abin da na yi ba. Ta tashi, ya sami jirginsa.

Na yi niyyar kawo maka ita washegari, Allah ne shaida. Sai Zahra ta haihu, sai hidimar Hajiya matar Alhaji, sai kuma na ga mota na tafiya lafiya na saki jiki. Kwana na tara, ina tsaye da ita a kunne a ƙofar gida, na ji ƙaurin roba. Kafin in juya, hayaƙi na fitowa daga ƙarƙashin kujerar baya. Allah ya taimaka babu kowa a ciki. Kafin a kashe wutar, rabin motar na baya ya zama ƙarfe.

Alhaji ya tambaye ni, "Wa ya taɓa wayar motar nan daga ƙarshe?" Na ce, "Ɗangoggo ne." Kalma biyu. Ban ce kai ka ƙona ba, shekara uku ina lallashin kaina da wannan, amma na san abin da nake yi.

Alhaji ya kai ƙara, 'yan sanda suka kawo ka har gida don ka ga aikinka. Gaban motar bai ƙone ba. Ka ɗaga murfi, ka buɗe akwatin, ka sunkuya a kansa har ƙirjinka ya rufe shi. Ni kaɗai na ga lokacin da ka zaro fiyus ɗin da jan ƙarfena a jikinsa, ka dunƙule shi a hannu. Ka ɗago ka kalle ni. Sannan ka kalli ƙofar boskwata, inda Zahra ke tsaye da jaririya ko cibiyarta ba ta gama warkewa ba. Ka sa hannu a aljihu. Ɗan sanda ya ce, "Me ka gani?" Ka ce, "Ni na yi mata aiki, haka ne. Sauran kuma Allah ya sani." Ina nan tsaye kamar an dasa ni, har aka sa ka a mota aka tafi da kai.

Kwana uku ka yi a caji ofis kafin Leonard da manyan gareji su yi belinka. Dattawa suka sa baki Alhaji ya janye ƙara, amma bai janye magana ba. Ya faɗa a masallaci, ya faɗa wa abokansa, ni ina gaba ina tuƙi ina ji. Masu manyan motoci suka ɗauke ƙafa. Har aka fara cewa kada a kai wa Ɗangoggo, hannunsa na da wuta. Kai da layi ke jiranka, ka koma kana wuni a kan benci. Bayan wata bakwai ka kwashe kayan aikinka ka koma Paikon Kore, kana ɗan noma, kana gyaran babura da injin ban ruwa.

Sau ɗaya muka haɗu bayan haka, a kasuwar Gwagwalada. Na so in ɓuya, ka riga ka gan ni. Na zata za ka kau da kai. Sai ka ce, "Bawana! Yaya maijego? Yarinyar ta fara tafiya?" Wallahi da marina ka yi da ya fi mini sauƙi. Na buɗe baki in ce ka yafe mini, sai na ji ina tambayarka yaya damina. Ka saya wa yarinyar lemo ka cusa mini a leda, muka rabu.

Kada wani ya ce na manta ne. Kullum na murɗa makulli na ji guɗar famfo sai na tuna da kai. Sau nawa ina tuƙa Alhaji, ina kallonsa ta madubi, na haɗa maganar tsaf a bakina, sai in tuna ɗaki, in tuna makarantar yara, in tuna yadda haya take a Abuja, in haɗiye. In faɗa, iyalina su kwana a titi. In yi shiru, kai kana can kana ɗauke da kayana. Na zaɓi shiru kowace safiya, har ya zama ba ni da wata hanyar da na sani. Ranar jana'izarka ma, da zan nemi izini, ban iya ambatar sunanka ba. Cewa na yi wani ɗan'uwana ne ya rasu.

Na sami sallah. Bayan an rufe ka, liman ya roƙi jama'a, duk wanda ka saɓa wa ya yafe maka. Ko'ina aka amsa, "Mun yafe." Ni ban iya ba. Wace yafiya zan yi maka? Muna fitowa daga maƙabarta na ji wani a bayana yana ce wa abokinsa, "Allah ya jiƙansa, mutumin kirki ne, gwani kuma, sai dai tsautsayin motar nan da ya ƙona." Ƙasar kabarinka ba ta bushe a hannunsa ba. Ashe har nan ƙaryata ta rako ka.

Jiya da safe, Alhaji ya shiga mota, ban tayar ba. Na juyo na gaya masa komai, tun daga Lugbe har zuwa abin da ka sa a aljihu. Maganar da na yi shekara uku ina gudu ba ta ci minti biyu ba. Ya saurare ni har ƙarshe. Sannan ya miƙo hannu ya ce in ba shi makulli, na ba shi. Ban san ko zan sake riƙe shi ba, ban san ko wata mai zuwa zai same mu a ɗakin nan ba. Da zai fita ya tsaya, ya ce, "Ka sa na ɗauki haƙƙin bawan Allah, Hafizu. Yanzu wa zan je in roƙa?" Tambayar da ke hana ni sukuni ke nan.

Saboda haka ina sanar da 'yan garejin Durumi, da mutanen Gwarinpa, da duk wanda maganar ta taɓa shiga kunnensa: aikin Malam Nasrullahi Ɗangoggo bai ƙona motar kowa ba. Ya gano ciwon daidai, ya sa abin da ya dace, ya gargaɗe ni, ni na take gargaɗin. Wanda ya taɓa yaɗa waccan maganar, don Allah ya yaɗa wannan.

Ya Allah, ka jiƙan bawanka Nasrullahi, ka gafarta masa, ka yalwata kabarinsa ka haskaka shi. Ya rufa wa wanda bai cancanta ba asiri a duniya, ka rufa masa nasa ranar da asirai za su tonu. Ka sanya kwana ukun nan da shekara ukun nan a mizaninsa, ka sa Aljanna Firdausi ce makomarsa.

Ina miƙa ta'aziyyata ga maiɗakinsa, Yaya Batulu, da 'ya'yansa, da 'yan'uwansa na Zariya, da Leonard da dukkan abokan sana'arsa. Allah ya ba ku haƙurin rashi, ya raya abin da ya bari. Yaya Batulu, ranar sadakar uku kin ba ni ruwa da hannunki, kin ce maigidan yana yawan ambatona da alheri. Yanzu kin san wanda kika ba wa ruwan. Zan zo in durƙusa a gabanki, duk abin da kika faɗa mini na cancanta. Amma wanda yafiyar take hannunsa, na bari har ya tafi ban roƙe shi ba.