Awon da Ya Ci Gonar Babana

Ni ma'auniya ce, 'yar ma'auniya. Tun ban kai tsawon buhu ba nake zama gefen uwata a kasuwar Rogo, ina kallon yadda take cika tiya har hatsi ya yi tozo yana zubowa, sannan ta ƙara dintsi ta ce gyara. Boko kuwa sai da na aurar da 'yata ta fari na shiga ajin yaƙi da jahilci. Shi ya ja mini. Shekarar da masara ta fi ƙarfin talaka, da aka zo neman mai raba hatsin tallafi a Zoza, sai aka ce ga wadda ta iya awo, ta kuma iya sa hannu.

A baki abin ba wuya. Ni zan samo masara, in sayar wa mutane a rabin farashi, kowa ya dangwala yatsa a takarda, gwamnati ta cika mini sauran ta hannun wani kamfani da ta ɗanka wa aikin. Jari ne ba ni da shi. Na je Karaye wurin wani Alhaji mai sito, na ba shi jinginar gonar da na gada a wurin babana, ya loda mini buhuna.

"Hajiya, kuɗin gwamnati fa hadarin bazara ne," in ji shi. "A ga baƙi a gabas, a tashi da iska."

"Alhaji, masara na zo ɗauka, ba wa'azi ba."

Na yi rabo. Zawarawa, tsofaffi, matan Fulani da suka taho daga rugage da ƙoransu a ka. Na auna musu yadda na iya awo, tiya cike da tozonta, ga gyara. Ban san wani awon ba, ba kuma wanda ya nuna mini wani.

Kaka ta wuce, ba a biya ba. Kamfani ya ce yatsun da ke takardunmu ba su kai yawan buhunan da muka ce mun raba ba. Mu da abin ya shafa, daga Zoza, Falgore har Yola ta Karaye, muka haɗa kai muka ɗauki lauya, muka kai ƙara birni. Yau alƙali ya yi tafiya, gobe lauyansu ba lafiya, wata rana mu tarar da kotu a rufe. Awakina duk a kuɗin mota suka ƙare.

Ran da aka kira ni shaida, lauyan kamfanin ya zo da tiya da 'yar masara a leda. Ya cika ta, ya sa rula ya shafe bakinta ƙat.

"Malama, haka kika auna?"

"Allah ya kiyaye! Wannan ai sata ce."

Aka yi dariya. Alƙali ya ce in amsa abin da aka tambaye ni kawai.

"Ranka ya daɗe, amsar ke nan. A garinmu wanda ya shafe bakin tiya, ko 'yarsa ba a nema da aure."

Lauyan bai yi fushi ba, murmushi ma ya yi. Ya ce a ƙa'idar aikin, shafaffiyar tiya ake ƙirgawa, don haka kowane buhu ya kamata ya kai ga mutane fiye da waɗanda na ba. Ina sauran suka shiga? Ko dai na karkatar, ko na yi kyauta da abin da ba nawa ba. Kowanne ne, kamfani ba zai biya ba.

Da muka fito, lauyanmu ya riƙe kai. "Haba Baba! Me ya sa ba ki gaya mini kina yin gyara ba?"

"Ɗan nan, ana gaya wa mutum tuwo da miya ake ci?"

Sauran ma haka suka auna, duk cikinmu. Da suka ga abin da aka yi mini, wasu suka daina zuwa. Kotu ta ce a je a sasanta, a kafa kwamiti ya duba. Har yau yana dubawa.

Alhaji ya yi haƙuri iyakar haƙurin ɗan kasuwa. Da ruwan shuka ya sauka, ya zo har ƙofar gida, ya gaishe ni da kyau, ya tambayi jikoki. Sannan ya ce shi ma masu binsa bashi sun tsaya masa a wuya, don haka gonar ta zama tasa.

"In kina so, Hajiya, sai in ba ki hayarta bana. Ke kin fi kowa sanin ƙasar."

Na so in zage shi. Bakina ya buɗe, sai na tuna rumbuna babu ko ƙwaya, ga marayun ɗana a ɗaki. Na ce nawa ne. Ya faɗa, na nemi ragi, bai rage ba.

Bana gyaɗa na shuka a ciki. In na ciro, rabonsa zan fara warewa.