Sunan Da Iya Take Fitowa Da Shi

Danginmu sun zalunci kakata, kuma ban yafe ba. Shekaru ta yi tana fitowa a wasan kwaikwayon talabijin a Kaduna, zamanin hoto baƙi da fari, amma a gida aka mayar da abin kamar sata. Ba a zancensa. Da sunan aro ma take fitowa, wai kada 'yan'uwan mijinta su ji kunya.

Iya muke ce mata. Ba ta taɓa zama tauraruwa ba. Ita ce mai ƙosai a bakin hanya, ita ce maƙwabciyar da ke shigowa aron rariya ta fita da gulma. Magana biyu, uku, ta ɓace.

Ni ban riski wannan ba, a gindin murhu na san ta. Bayan an ci tuwo, kafin garwashi ya mutu, sai ta gyara ɗankwali ta ce, "To, ga ta nan ta iso, wa zai shimfiɗa mata tabarma?" Mu ce mu ne. Kowa a tatsuniyarta da muryarsa, har jaki. Mace ɗaya, amma ka rantse kasuwa ce ke ci.

Wadda ta fi yawan ba mu ita ce ta mai hura wuta. Wai a wani gari akwai wata mata, duk gidan biki ita ke hura wutar girki. A yaba wa masu tuwo, a yi wa makaɗa kari, ita kuwa ta karkaɗe toka ta tafi. Ran nan ana babban biki ba ta zo ba. Kowa ya hura, hayaƙi kawai. Aka ce a kira ta, sai aka yi cirko-cirko, domin babu wanda ya san sunanta. Aka bi gida-gida ana "ina wance, mai abin nan?" har baƙi suka watse da yunwa.

Nan take tsayawa. Wata rana na ce, "Iya, to yaya sunanta?"

Ta dube ni ta ce, "Ja'ira, ke kaɗai kika taɓa tambaya. Tashi ki kwanta."

Sai da na haura arba'in na shiga ajin yaƙi da jahilci. Sannan na zo Kuala Lumpur wankan jegon matar ɗana Sani, wanda ke karatu a nan, korona ta rufe mu a hawa na goma sha huɗu a unguwar Danau Kota. Ba fita, ba baƙo. Sai na koma kallon tsofaffin finafinan Malay, ko kalma ba na ji. Akwai wata tsohuwa mai ɗan kumatu da nake ta gani: yau mai shayi, gobe unguwarzoma. Ta harari mutum sau ɗaya ta wuce, kuma hararar ce ke zama a raina. Wace ce ita? Tana da jikoki? Sun sani?

Da sunaye suka fara hawa a ƙarshen fim, na matsa na sa yatsa ina haɗa baƙaƙe.

Sani ya ce, "Umma, kin kare mana TV fa. Me kike nema?"

"Sunan mai shayin nan."

Ya duba waya ya nuna min. Ga shi can ƙasa, ƙanƙane, amma an rubuta.

Na ce, "Na Iya fa?"

"Wace Iya?"

Ashe ba tatsuniya take ba mu ba, kuma ni da na tambayi sunan mai hura wuta ban taɓa tambayar nata ba. Mutum ɗaya ta rage da ta sani, Goggo Asabe, wadda ke riƙe mata mayafi a gidan talabijin. Ta haura tamanin, ga ciwon nan yana ɗibar tsofaffi.

Washegari na sa takunkumi, na ce wa Sani yau ni ce mai fita cefane. Na sauka kedai, wato kanti, na sayi littafi da biro. Kafin gari ya waye a Kaduna na rubuta tambayoyin da zan yi wa Goggo, da hannuna mai karkata. Layin farko na bar shi fili, wurin sunan Iya.