Ƙadandoniyar Dakalin Malam Inuwa

Malam Inuwa, ranar Talata, 12 ga Agusta, 2025, da hantsi, ina zaune a ƙofar gidana a Unguwar Gano ina shafa wa gwiwata man zafi, sai ga wayar Sadiq, babban ɗanka. Bai ja magana ba. Ya ce, "Baba Ezekiel, Malam ya cika." Na ce to. Na ajiye wayar na ci gaba da shafa man, don na rasa abin da zan yi da hannuna. Bayan la'asar aka yi maka salla a ƙofar gidanka a Gyaɗi-Gyaɗi, ina tsaye a gefe kamar yadda na saba tsayawa a jana'izar abokaina Musulmi, sannan na bi ayari har maƙabartar Tarauni.

Malam Inuwa, na gaji. Na gaji da raka mutane. Cikin malaman da muka fara aiki tare a sakandaren nan ta Tarauni, kai kana koyar da ilimin halittu ni ina koyar da labarin ƙasa, mu biyu muka rage, ga shi kai ma ka yi mini wayo ka sulale. Kuma ba ka tafi haka kawai ba, sai da ka ɗora mini aiki. Ana saura kwana kaɗan, a gadon asibiti, ka kama hannuna ka ce, "Ezekiel, kada ka bari su fasa mini ita." Na ce ba za a fasa ba. Wannan rubutu ta'aziyya ce, kuma bayani ne nake kawo maka a kan wannan alkawari.

Wanda bai san layinku ba zai ɗauka wata kadara kake nufi. Ƙadandoniya ce. Ita ma ba ita kanta ba, gurbinta ne a jikin simintin dakalin ƙofar gidanka.

Da daminar shekarar da aka haifi Sadiq aka yi wa dakalin nan shafe. Ina nan a wurin, na zo yi maka barka. Birkila ya gama lailaye siminti ya juya yana wanke kayan aiki, sai wata ƙatuwar ƙadandoniya ta faɗo daga jikin bango, ta ɗan yi tafiya, ta maƙale. Birkila ya ɗauko cokalin gini zai tsame ta ya shafe wurin. Kai kuwa sai ka daka tsalle kamar an ce ɗanka ne ya faɗa wuta, ka tare shi, santsi ya kwashe ka, ka dafa ɗanyen siminti da tafin hannunka na dama. Birkila ya yi ta faɗa an ɓata masa aiki. Ka ce a bar komai yadda yake, har shatin hannun. Da siminti ya bushe, tururuwa ta cinye gawar, sai gurbinta ya fito tsaf, gaɓa-gaɓa, da sawun ƙafafu reras a gefe da gefe. Ka yi ta murna har maijego, Salamatu, ta aiko tana tambaya ko wata haihuwar aka sake yi a waje.

Daga nan ɗalibai suka shiga uku. Duk shekara sai ka jero aji guda a ƙafa daga Tarauni zuwa Gyaɗi-Gyaɗi, ka tsayar da su a rana, ka ce su duba da kyau, haka dutse yake riƙe labarin halittar da ta shuɗe. Sai ka ɗauko alli ka rubuta kalmar nan a jikin ƙyauren gidanka: Archipolypoda. Ka ce kalma ce da masana suka harhaɗa daga harshen Girka, gutsure uku: na farkon zamani, da yawa, da ƙafa. Wato masu ƙafa da yawa na zamanin farko. Ka ce suna ne na wani rukunin ƙadandoniya da suka rayu fiye da shekara miliyan ɗari uku da suka wuce, wasunsu da ƙayoyi a gadon baya, irinsu ya ƙare ƙurmus, ba wanda ya san da su sai ta gurbin da suka bari a duwatsun Turai da Arewacin Amurka. Na ji wannan bayani har na haddace, ni da ba darasina ba.

Abin da ya fi damunka shi ne a yi amfani da kalmar a muhallinta. Ba a faɗar ta ga shanshani mai harbi, kake cewa. Ba a faɗar ta ga ƙadandoniyar da ke yawo a bayan randa. Kai, ba ma kowace tsohuwar ƙadandoniya ake kira haka ba, don waccan ƙatuwar da ta fi mutum tsawo, wadda yara suke so a yi ta ba su labarinta, danginta daban ne. Sannan ka buga ƙafa a kan dakali ka ce, "Wannan kuma misali ce kawai. 'Yar Gyaɗi-Gyaɗi ce, sa'ar Sadiq ce, jikokinta na nan suna yawo. Kada wanda ya kira ta da wancan suna."

Wa zai ji? Kafin zango ya ƙare kalmar ta fi ƙarfin bakin mutane, suka datse ta, ta koma Arki. Gurbin ya zama Arki, dakalin ya zama dakalin Arki, kai kanka ka zama Malam Arki. Mai a-daidaita-sahu in ka ce masa layin Malam Inuwa sai ya tsaya tunani, in ka ce dakalin Arki sai ya ce hau. Shekara talatin kana gyara wa mutane, shekara talatin suna cewa "to, Malam" suna maimaita abinsu. Na sha gaya maka ka haƙura, ka ce malamin da ya haƙura da kuskure ya ajiye alli. Wallahi taurin kanka ya gajiyar da ni, kuma yau shi nake nema.

Akwai shekarar da wani uba ya zo makaranta a fusace, wai kana cusa wa ɗansa labarin miliyoyin shekaru da ba su da asali. Da ni ne, da tuni mun yi sa-in-sa. Kai sai ka kawo shi dakalin, ka sa aka kawo masa ruwa, ka ce, "Alhaji, Wanda ya halicci wannan 'yar ƙarama ya ƙirga mata ƙafafu, ai ba zai gaza halittar wasu kafin ita ya kuma ɗauke su ba. Ni abin da ya bari a rubuce a dutse nake karantawa, ina ƙara jin tsoronsa." Ban ce ya gamsu ba. Amma ya sha ruwan, kuma bai cire yaron ba.

Ba zan manta da lokacin jinyar matata Naomi ba. Zango guda cur ka karɓe mini azuzuwana, ba ka gaya wa kowa ba, ba ka bari an rubuta ni a cikin marasa zuwa ba. Da na dawo na tarar yarana ba su san kogin Binuwai daga na Kwara ba, amma kowannensu zai iya zana maka ƙadandoniya mai ƙaya. Na zo in yi maka tsiya, sai na tuna kwanon tuwon da Salamatu take aiko mana asibiti kullum, na haɗiye. Da Naomi ta rasu kuma, kai ne ka zauna a gaban motar da ta kai gawarta Mangu, ka tsaya a bakin coci har aka gama, sanyin Filato yana kaɗa ka cikin 'yar shadda. Ba ka taɓa tuna mini da wannan ba, ko da wasa.

Bana aka zo aikin lambatu a layinku. Aiki ne mai kyau, kai kanka ka san yadda ruwa yake shiga gidaje duk damina. Sai dai ma'auni ya bi ta kan dakalin, aka shafa masa jan fenti, alamar za a rushe shi. A lokacin ciwon ƙoda ya riga ya kwantar da kai. Shi ne ka ɗora mini aikin. Na so in zolaye ka a ranar, na ce, "Wace? Arki?" Na zuba ido in ji ka ce ba sunanta ba ke nan. Sai ka rufe ido ka ce, "Ita." A nan na san tafiya ta zo, don ban taɓa jin ka bar kuskuren nan ya wuce ba.

Masu aikin sun yi mana kara, sun tsallake ƙofarka har aka tashi daga zaman makoki. Washegarin addu'ar bakwai shugabansu ya same mu ya ce ba zai iya ƙara jira ba, ruwan sama yana cinye musu rami. Muka nemo Murtala, mai sa tayil, da injinsa na yanka. Ya durƙusa ya ƙwanƙwasa simintin, ya girgiza kai, ya ce, "Baba, wannan shafe ne, ba kauri. Ƙasansa ya rube. Zan gwada, amma ban yi alkawari ba." Na ce shi bai yi ba, ni na yi.

Ya zagaye wurin da injin, faɗin faranti babba, ya haɗa da gurbin da shatin hannunka da ke gefensa, don ya ce in ya matse zai fi saurin tsagewa. Mutanen layi suka taru, har da wasu tsofaffin ɗalibanka da furfura ta fara fito musu. Aka zura ƙarfe ta ƙasa a hankali. Ni da Sadiq muka tallafa. Ya ɗago, ya ɗago, har na fara cewa mun gode Allah. Sai na ji wani ɗan ƙara a tafin hannuna, ba mai ƙarfi ba, kamar an karya ƙuli-ƙuli.

Malam Inuwa, ta fashe. Ba gida biyu ba balle a liƙa. Daidai wurin gurbin siminti ya fi sirantaka, ya ruguje ya zama tsakuwa, ya zube cikin ramin lambatu da ruwan jiya a ciki. Na durƙusa da wannan gwiwar tawa ina lalube a cikin taɓo, na tsamo ɗan gutsure mai gaɓa uku ko huɗu, shi ma ya marmashe a yatsuna. Sadiq ya ɗaga ni ya zaunar da ni a kan abin da ya rage na dakalin. Ban yi kuka a maƙabarta ba, a nan na yi, tsofai-tsofai da ni, a gaban yara, a kan ƙadandoniya.

Murtala ne ya matso da ɗayan ɓarin ya ajiye a gabana. Ya ce, "Baba, wannan bai yi komai ba." Shatin hannunka ne. Yatsu biyar, da tafi, har da ɗan karkacewar ƙaramin yatsanka. Duk shekarun nan muna zama a kansa, muna ajiye kofin shayi a cikinsa, ka jero ɗaruruwan yara su kalli abin da ke gefensa, ba wanda ya taɓa cewa a dube shi, har kai. Na sa hannuna a ciki. Naka ya fi nawa girma, ban taɓa lura ba.

Na ce wa Sadiq ya shiga da shi wurin mahaifiyarsa, tunda tana takaba ba za ta fito ba, ya kuma gaya mata na kasa. Ya daɗe a ciki. Da ya fito yana rungume da shi, ya ce, "Baba Ezekiel, Inna ta ce kai za ka tafi da shi. Ta ce ita ta riƙe hannun kansa shekara da shekaru, ya ishe ta. Kai ne aka bari ba kowa."

Yana nan a ɗakina yanzu, a kan tebur, kusa da hoton Naomi. Mutanen layi har yau dakalin Arki suke cewa, alhali ba dakali, ba Arki. Jiya na ji wani yana faɗa, na buɗe baki zan gyara masa a madadinka, sai na ji ba ni da ƙarfi, na ƙyale shi.

Ina miƙa ta'aziyyata ga Hajiya Salamatu, da Sadiq, da 'yar'uwarsa Safiyya, da ƙannensu, da jikoki, da jama'ar Gyaɗi-Gyaɗi da Tarauni, da duk wanda ya taɓa tsayawa a rana a ƙofar gidan nan yana kwafar doguwar kalma daga jikin ƙyaure. Allah ya ba ku haƙuri, ya tsaya muku. Kai kuma abokina, Allah ya jiƙanka, ya yi maka rahama, ya yafe maka kurakuranka, ya sa jinyar da ka sha ta zama kaffara, ya haskaka makwancinka. Abin da ka ce in tsare ban tsare ba, ka yafe mini. Abin da ya rage a hannuna zan riƙe shi har tawa ta zo. Allah ya sa mu cika da kyau. Amin.