Ranar da Na Yi wa Talabijin Faɗa

Shekarar da sojoji suka koma bariki, babban ɗana ya ci kansila. Da can faci yake yi a bakin titi, nan Tudun Wada.

Abin da ya fara kawo mini talabijin ce mai kala. Da la'asar jikokina sukan kalli wani katun: sarki ne gajere mai tumbi, hularsa ta zinariya kullum tana rufe masa ido, ga 'yan rakiyarsa uku. In ya yi atishawa su tafa. In ya faɗa kwata su yaba yadda ya faɗa. Ba na jin Turanci, amma ban taɓa neman tafinta ba.

Wata Juma'a muna kallo, sai ga kansila da mutum uku a bayansa. Ɗaya na riƙe masa jaka, ɗaya makullin mota, na ukun aikinsa dariya. Ya shigo mini ɗaki da takalmi, ya tsaya ƙerere, ya ɗaga hannu kamar yana kamfen.

“Sannu da gida, Hajiya.”

Tun da ya yi wayo bai taɓa gaishe ni a tsaye ba. Na san in na amsa yau, ya daina durƙusa mini har abada, kuma 'ya'yansa na kallo. Ga shi ɗan fari ne. Ko sunansa ba na kamawa, balle in yi masa faɗa gaban baƙi.

Sai na juya wajen akwatin talabijin. Sarki na hawa jaki ta baya.

Na ce, “Kai mai tumbi, kai nake wa magana. Waɗannan ukun da ke tafa maka, shinkafarka suke tafa wa. Ba ka da uwa ne da za ta gyara maka hula?”

Mai dariyar ya fashe da dariya, ya waiga ya ga fuskar ubangidansa, ya haɗiye sauran.

“Hajiya, ai zane ne, ba ya ji,” in ji mai jaka.

“Na sani, Malam. Da yana ji, da tuni ya cire takalmi.”

Kansila ya koma bakin ƙofa, ya tuɓe takalmi, ya tattare babbar rigarsa ya durƙusa. Ukun nan suka zube a bayansa kamar an yanke musu igiya, har gwiwar ɗaya ta yi ƙara.

“Ina wuni, Inna.”

Na bari sai da sarki ya gama faɗowa daga jakin, sannan na amsa.