Ramin da Tasalla Ta Tone

Tasalla ungozoma ce a Tozai, kuma da wuya ka nuna mutum a garin nan wanda ba ita ta yanke masa cibiya ba. Ta gaji aikin daga kakarta, tare da wata guntuwar fartanya da ba ta rabuwa da ita. Dokarta guda ce: duk abin da ya fita daga jikin ɗan Adam, ƙasa ce makomarsa. Mabiyiya, cibiya, haƙorin yaro, ba ta barin ko ɗaya ya kwana a sarari. An ce wani mahauci ya taɓa sare kan yatsansa, yana ta kururuwa a kai shi asibiti, ita kuwa tana duƙe tana neman guntun.

Ana nan sai autarta Bara'atu ta ji ƙulli a nono. Mijinta Isah, mai fataucin albasa zuwa Nijar, ya kai ta Sakkwato. Anka yanki ɗan nama anka duba, anka ce sankara ce. Likita ya ce saura gwaji guda kafin ya san maganin da zai ba ta. Za a fere naman siriri, a ɗiga masa ruwa mai ɗauke da irin garkuwar da jini ke yi, kowace tana da alamar da take kamawa a jikin ciwon. In ta sami alamar sai wurin ya rine ruwan ƙasa, to irin wannan ciwon yana jin ƙwayoyin sha bayan aiki. A wani ɗakin gwaji daban ake yi, sai mako mai zuwa. Sunka miƙa wa Isah naman a leda, a daskare cikin kaki irin na kyandir, bai kai kwalin ashana ba, sunka ce ya adana shi kada ya ji zafi.

Kuskuren Isah ɗaya, da surukarsa ta tambayi mene ne a ledar, ya gaya mata gaskiya. Ya aje ledar cikin langa ya tafi masallacin Juma'a. Ko da ya dawo, langa wayam.

To, ka ga suruki da suruka, ba dama ya ɗaga murya. Ya durƙusa can nesa, kansa ƙasa, yana yi wa turmi bayani. Tasalla ta ce ƙwarai ita ta binne shi, da likkafaninsa da addu'arsa, tun da abin ya kai ana yawo da naman Musulma a leda kamar tsire. Ina ta binne? Wannan kuma ba a faɗi, ba ta taɓa faɗi ba, kuma ba kan ɗan albasa za ta fara ba.

Isah ya ari galma ya hau tsakar gida. Ya tone bayan ɗaki, ya tone gindin darbejiya, bai samo komai ba sai tsohon silifas da murfin tukunya. Kaji kam sun yi biki. Da ya gaji ya ɗauko liman, liman ya yi bayani mai kyau cewa lalura ta halatta tonowa. Tasalla ta saurara har ya dire, sannan ta tuna masa shi ma ita ta binne tasa cibiyar, kuma har yau bai san inda take ba. Liman ya tattara rigarsa ya ce yana da ɗaurin aure.

Duk wannan Bara'atu na kwance a tabarma tana ji. Da gida ya yi shiru ta kira uwarta.

"Inna, in ba a same shi ba, sake yanka ta za su yi, a koma jira daga farko. Ni kau wallahi tsoro nika ji."

Tasalla ta miƙe. Ta ɗauki fartanyar ta shige ƙarƙashin rumbu, inda rana ba ta taɓa sauka ba, ta tone. Ta fito da ƙullin farin ƙyalle, kakin yana nan lafiya lau. Amma ba ta ba Isah ba. Ta ce za ta da kanta, mutumin da ke aje nama a langa ba abin yarda ba ne. Haka ta ɗaure shi a bakin zane tun daga tashar garin Isa har Sakkwato.

Ranar da sunka koma karɓar sakamako, ma'aikaciyar ɗakin gwajin, wata Naja'atu, ta sa tsohuwar ta leƙa madubin da ke girmama ƙananan abubuwa. Tasalla ta ga ɗigo-ɗigo ruwan ƙasa fal, ta ce wannan ai tsakin goro ne. Naja'atu ta yi dariya ta ce shi ake so, ya kama, ƙwayoyin za su yi wa Bara'atu aiki da yardar Allah.

Tasalla ta miƙa hannu, a ba ta sauran naman. Naja'atu ta ce ba a bayarwa, aje shi ake yi ko za a sake bukatar dubawa nan gaba. Isah ya fara neman ƙofa da ido, don ya san abin da ke tafe.

Tsohuwar ta daɗe tana kallon hannunta, sannan ta mayar da shi cikin mayafi.

"Ku riƙe shi, ɗiyata," in ji ta. "Ni ma tun ranar da na rufe ramin nan ban yi barci ba. Ban son ƙasa ta saba da naman Bara'atu."